Faƙon Farfesa

Wasiƙar ta iso ranar Talata, saura wata biyu Farfesa ya yi ritaya, kuma daga ranar babu wanda ya ƙara shan ruwa da daɗi a sashen nazarin taurari. Kamfanin da ke buga masa littattafai ne zai sake fitar da littafinsa na biyu, wanda ya yi masa suna, sai suka aika wa wani masani ya duba kamar yadda suke yi wa kowa. Masanin, wanda ba a faɗi ko wane ne ba, ya cika shafi guda da yabo, sannan ya rufe da tambaya ɗaya. Wai shin marubucin ya taɓa juya faifansa ya saurari wurin nan da yake cewa babu komai, don ya tabbatar babu komai ɗin?

Farfesa ya karanta ya ja tsaki. Ya sake karantawa, ya fatattaki sakatariya saboda shayinsa ya huce. Bayan ta fita ma ya ƙi yarda cewa tsoro ne ya kama shi.

Sai an san aikin mutumin za a gane zafin tambayar. Shi ba ya cikin masu leƙen taurari da madubi, nasa aikin saurare ne. A bayan gari akwai wani ƙaton faifan ƙarfe, faɗinsa mita ashirin da biyar, da ke tsinto siginar rediyo daga gizagizan iskar gas masu yawo tsakanin taurari. Da rana tsaka ma yi ake, shi ya sa idan dangi suka tausaya masa wai aikinsa ya hana shi barci, yakan karɓi tausayin ya yi shiru, alhali babu mai minshari irinsa a unguwar. Littafi uku ya rubuta. Na farko yana koya wa ɗalibai yadda ake sauraren sama, kuma ko maƙiyansa da shi suke koyarwa. Na uku tarihin aikinsa ne, rabinsa zagin abokan aiki cikin ladabi. Na biyun kuwa shi ne ransa, domin a ciki ya bayyana gajimaren da ya gano yana da shekara talatin da uku, gajimare mai tsananin sanyi wanda ba ya fitar da sigina, sai dai ya shanye wadda ke zuwa daga bayansa. A kan takardar awo, layi yakan tafi sumul, sai ya faɗa wani siririn rami ya fito. Ramin nan shi ne gajimaren. Shi ya ba shi kujerar farfesa, shi ya kai shi taruka ƙasa-ƙasa, har akwai waɗanda ba su san fuskarsa ba amma sun san raminsa.

Awon kuwa kamar na mai sikeli ne: a auna kwano babu komai, a auna shi da kaya, a cire wancan daga wannan. Ana juya faifan ga abin da ake nema minti ɗaya, a kawar da shi zuwa wani fili na sama da babu komai minti ɗaya, na'ura ta cire na biyu daga na farko. Filin da Farfesa ya zaɓa tun yana matashi, da fensir a kan taswira, ma'aikata suna ce masa faƙon Farfesa. Ya kafa doka cewa duk mai auna wannan yanki da faƙon zai yi, don awon bana ya yi daidai da na bara. Lambobin wurin suna rubuce a kati, manne a teburin sarrafa faifan, in katin ya tsufa a sake bugawa. Ya sa su a littafi ma, 'yan ƙalilan da suka gwada a wasu ƙasashe da su suka yi. Dokar ba ta wauta ba ce. Illarta ɗaya: idan akwai gas a cikin faƙon kansa, na'ura za ta cire fiye da ƙima, sai rami ya bayyana inda babu rami.

Mutum ɗaya ce ta taɓa faɗa masa haka ido da ido, shekara goma sha biyu da suka wuce. Ɗalibarsa ce ta digirin digirgir, wadda ta fi kowa kai a cikin duk waɗanda ya koyar, ko da yake bai taɓa faɗa mata ba. Wata rana iska ta hana faifan juyawa zuwa faƙon, sai ta zaɓi wani fili don kada lokacinta ya tafi a banza. Ramin ya ɓace. Da iskar ta lafa, ta saurari faƙon kansa na minti ashirin. Ta shigo ofishinsa da takarda tana murna, sakarai, a zatonta malami zai ji daɗi ɗaliba ta gano wani abu. Ya ce mata ba ta iya aiki ba, ya soke sauran lokacinta a faifan, ya ƙi sa hannu a kundinta har wa'adinta ya ƙare. Ta tattara ta koma koyar da kimiyya a wata sakandaren 'yan mata. Bayan shekara uku, don abin ya ƙara yi masa ɗaci, sai ɗansa na fari, likitan haƙori, ya zo ya ce ita zai aura. Shekara tara ke nan tana zuwa gidansa duk Asabar cin abincin rana, tana ce masa Baba, tana gaishe shi da ladabin da ya fi zagi ciwo. Maganar sama ba ta taɓa haɗa su ba, ko da ta hadari ce.

Wannan Asabar ɗin ya bari sai da aka zuba wa kowa, sannan ya zaro wasiƙar ya ajiye kusa da farantinta.

"Ke kika rubuta wannan?"

Ta goge hannu, ta karanta a natse har ƙarshe, ta mayar masa.

"Ba ni ba ce, Baba. Wa zai aiko wa malamar sakandare littafinku ta duba?"

"To wa kika kai wa maganar?"

"Ku kaɗai na kai wa. Kun kuma ba ni amsa."

Ɗan ya yi gyaran murya zai sa baki, uban ya ce masa ya tsaya a kan haƙoran da ya sani. Matar Farfesa, wadda ta shekara arba'in tana kashe irin wannan wuta, ta ce don Allah a ci abinci, saman nan ba guduwa zai yi ba. Amma mutumin ya riga ya cika ya batse. Ya ce ya daɗe da sanin abin da ya kawo yarinyar nan gidansa. Ya ce ƙullatarsa ta yi, ta lallaɓa ta auri ɗansa don ta samu kujera a teburinsa ta zauna jiran ranar da zai faɗi. Yana faɗa yana jin cewa maganar ta wuce gona da iri, amma bakinsa ya ƙi tsayawa.

Ɗan ya miƙe, fuskarsa ta yi baƙi ƙirin, ya ce wa matarsa ta ɗauko jakarta. Ita ba ta yi kuka ba, da ta yi ma da Farfesa ya ji sauƙi. Ta kai farantinta kicin, ta yi wa surukarta sai an jima, sannan ta tsaya a bakin ƙofa.

"Aikin awa biyu ne, Baba. Faifan yana nan, faƙon ma yana nan."

Matarsa ba ta ƙara yi masa magana ba sai ranar Litinin, shi ma don ta ce masa gas ɗin girki ya ƙare.

Ya nemi lokaci a faifan, ya ce wa kansa don ya toshe bakin 'yan hassada ne. Shugaban tashar, wanda shi ma tsohon ɗalibinsa ne kuma har yanzu yana miƙewa tsaye in ya ji muryarsa a waya, ya ba shi Alhamis daga ƙarfe biyu zuwa shida. A bakin ƙofar tashar ya kashe wayarsa ya jefa a akwatin ƙarfe kamar kowa, domin waya ɗaya a aljihu ta isa ta kurmantar da faifan. Ɗakin sarrafawa yana nan yadda ya san shi: sanyin na'urar sanyaya ɗaki, gunjin injuna a cikin kabad-kabad, kujera mai karyayyen hannu da aka ɗaure da wayar wuta, da babbar taga da ke kallon faifan.

Dogo ne a bakin aiki. Shi ne mai juya faifan, yana nan tun ranar da aka ɗaure ƙusar farko, kuma shi da Farfesa ba sa shan inuwa ɗaya. A littattafai uku, mutumin da ya yi masa kowane awo da hannunsa bai samu ko rabin layi ba, sai dai "ma'aikatan tasha" a shafin godiya. Dogo bai taɓa yin ƙorafi ba. Ya dai daina tambayarsa iyali, ya kuma koyi wata irin "ranka ya daɗe" da ke fitowa kamar ana cire masa haƙori.

Suka fara da tsohuwar hanya. Faifan ya juya a hankali yana ƙugi, minti ɗaya can, minti ɗaya a faƙo. Bayan rabin awa layi ya kwanta a allon kwamfuta, ga ramin nan siriri, tsaf, kamar ranar farko. Farfesa ya ji daɗi ya ratsa shi har ƙafa. Ya ce wa Dogo ya gani ko, Dogo ya ce ai ya saba ganinsa.

Sannan Farfesa ya ba da lambobin wani sabon fili, can arewa da faƙon, ya harɗe hannu yana jiran ramin ya dawo. Minti goma, layi sumul. Minti ashirin, sumul. Ya ce na'urar karɓar sigina ta yi zafi. Dogo ya gwada ta a gabansa, lafiyarta lau. Ya ba da wani fili ta kudu, aka sake zama rabin awa, babu ko ɗan lotsawa. Ya ce Dogo ne ke shigar da lambobi ba daidai ba, tsufa ya fara taɓa masa ido. Dogo ya tashi ya ba shi kujerar. Farfesa ya zauna ya buga lambobin da yatsa biyu, ya duba sau uku, ya jira. Layin ya fito shimfiɗe kamar tabarma.

Ƙarfe biyar ta wuce. Abu ɗaya ya rage, kuma dukansu sun san shi. Shekara talatin da ɗaya faifan nan yana leƙa faƙon dubban lokuta, amma kullum a matsayin kwanon da babu komai, in ban da sau ɗaya a hannun ɗalibar nan, ba a taɓa tambayarsa me ke cikinsa ba. Farfesa ya daɗe yana kallon katin da ke manne a tebur. Sannan ya ce a mai da faƙon abin nema, a cire filin arewa daga gare shi.

Ba a yi minti shida ba tudu ya fara tasowa a layin. A daidai inda ramin yake zama, faɗinsu ɗaya, tsayinsa daidai da zurfin wancan, kamar an kife ramin. Wani ɗan gajimaren gas ne na yau da kullum, irin waɗanda ke cike da sama, babu abin da zai sa a rubuta masa ko shafi ɗaya. Yana zaune a cikin faƙon tun kafin a haifi kakannin Farfesa. Gajimare mai sanyin kuwa, mai shafi ɗari uku, babu shi, bai taɓa kasancewa ba.

Baƙin ciki ya zo masa, kunya ta biyo baya, amma abin da ya fi saurin isowa shi ne dabara. Ya tambayi Dogo wa ke iya ganin awon yau. Dogo ya ce kai tsaye yake shiga ma'ajiya, bayan shekara guda kowa a duniya yana iya buɗewa. Farfesa ya yi ƙasa da murya, ya ce ai idan aka rubuta cewa gwajin na'ura ne, ba ya shiga.

"Ba ya shiga, ranka ya daɗe," in ji Dogo. "Amma ba da hannuna ba. Na yi maka sau ɗaya, a kan na yarinyar nan. Har yau in na gan ta a hanya tsallakawa nake."

Farfesa ya ce kada ya manta da wa yake magana. Dogo ya ce bai manta ba, shi ya sa ma ya buga masa takardar, ga ta nan tana fitowa. Ya miƙa masa, ya juya ya fara mayar da faifan mazauninsa, domin ƙarfe shida ta yi kuma akwai mai jira.

A hanyar komawa gari, cikin cunkoson motoci, Farfesa ya gama shirya yadda zai tsira. Shi da kansa zai fasa ƙwan. Zai rubuta sabon babi: tsohon masani ya sake duba aikinsa, ya gano kuskure, ya faɗa da bakinsa. Irin wannan ai yabo ake yi, har a ce a yi koyi da shi. Sai ya sa sunan yarinyar a bayan nasa, a ce ya yi dattako, ɗansa ya huce, matarsa ta sake masa fuska. Kafin ya isa gida har ya fara jin tausayin kansa, yana ganin irin girman da zai yi.

Washegari bayan an tashi daga makaranta ya je sakandaren. Bai taɓa taka wurin ba, sai da mai gadi ya nuna masa ɗakin malamai. Dogon ɗaki ne mai warin alli, fanka ɗaya na juyawa ɗaya ta mutu, tebura cike da littattafan ɗalibai. Ita kaɗai ta rage, tana duba takardun jarrabawa. Ta miƙe ta gaishe shi, ta jawo masa kujera, ta koma ta tsaya. Ya ajiye takardar awon a naɗe a kan teburinta, ya fara jawabin da ya shirya, cewa a kimiyya babu wanda ya fi ƙarfin gyara.

"Tudu ne," ta ce, ba ta ko taɓa takardar ba. "Siriri, a daidai inda ramin yake. Yana da 'yar kafaɗa ta hagu, alamar gajimare biyu ne, ɗaya a bayan ɗaya."

Ya warware takardar ya duba. Ga kafaɗar nan, ƙarama, ta hagu. Ya kalli layin nan ya fi sau ashirin tun jiya bai lura da ita ba. Ita kuwa minti ashirin ta taɓa ganinsa, shekara goma sha biyu da suka wuce, kafin a share mata awon. A nan ne ya gane irin masaniyar da ya kora ta zo tana duba jarrabawar 'yan aji uku, kuma ganewar ta fi asarar gajimaren ciwo. Duk da haka bai sauko ba. Ya ce mata zai rubuta babin gyara, zai kuma sa sunanta bayan nasa.

"Ba na son sunana a bayan naku, Baba. Ku rubuta babinku ku kaɗai. Abu ɗaya nake so a ciki: ranar da na kawo muku takardar, da abin da kuka ce mini."

Ya ji kamar ta watsa masa ruwan zafi. Ya ce mata ba ta san abin da take nema ba. Kuskure kowa na yi, ana yafewa. Amma in ya sa ranar nan, ya faɗa wa duniya ke nan cewa an nuna masa ya ƙi gani, ya ci gaba da sayar da littafin, ya ci gaba da karɓar lambobin yabo shekara goma sha biyu. Ya ce ba gajimaren kaɗai zai tafi ba, har littafin farko sai an daina koyar da shi, har sunansa sai ya zama abin ba'a a bakin yaran da ba su kai jikokinsa ba. Ya ce ta tuna shi uban mijinta ne, zubewar mutuncinsa zubewar nasu ne.

"Na tuna," ta ce. "Shi ya sa shekara tara ina cin abinci a teburinku ban ce komai ba. Ba zan kai ku ƙara ko'ina ba, ba zan rubuta wa kowa ba. In kun fitar da babin babu ranar, ba za ku ji daga bakina ba. Ranar Asabar zan zo in gaishe ku kamar kullum, ku kuma ku amsa."

Ya so ta yi ihu, ta zage shi, ya samu abin riƙewa ya fita a fusace. Ba ta ba shi ba. Ya hango Asabar ɗin da suka rage masa a duniya, tana zaune tsallaken tebur tana miƙo masa ruwa da hannu biyu, ta sani, shi ma ya san ta sani. Ya tsane ta a lokacin, tsana mai tsanani, ya kuma san cewa ita ce mai gaskiya. Fankar ta yi ta juyawa. A waje wani yana jan ƙofar aji yana kullewa.

"Wace rana ce?" ya tambaya, bai ɗago ba.

Ta faɗa masa ranar da watan da shekarar, ta ƙara da cewa ƙarfe sha ɗaya saura ne, yana cin biskit.

Ya laluba aljihun gaba, ya laluba na gefe. Mutumin da ya rubuta littafi uku ya fito babu alƙalami. Ta miƙa masa jan biron da take duba jarrabawa da shi. Ya kife takardar awon, ya rubuta ranar a bayanta. Sannan ya tsaya, bakin biron a kan takarda.

"Kun ce ban iya aiki ba," ta ce. "Daga nan kuka fara."

Ya rubuta. Ita kuma ta zagayo ta tsaya a kansa tana karanta kowace kalma, don ta ga ko zai rage wani abu.